Ettore Mai Faɗowa Daga Kan Doki

A ɗakin ɗinkin kayan 'yan fim da ke bayan garin Roma ne Nilde, mai ɗinki a wurin, ta fara ganinsa, cikin bazarar 1967. Ya shigo da riga jage-jage da jan fenti, hular kaboyi a hammata.

"Sun sake kashe ka ke nan?" ta tambaya, allura a bakinta.

"Sau uku tun safe. Darakta ya ce ban iya mutuwa ba."

Ta yi dariya har allurar ta faɗi. Sunansa Ettore, ɗan manoma daga yankin Abruzzo, aikinsa faɗowa daga kan doki idan jarumin fim ya harbe shi. Tun daga ranar, kullum sai ya sami abin da ya yage masa.

Mahaifinta, Sor Amedeo, mahauci ne a unguwar Testaccio. Lahadin da Ettore ya je gaishe shi, ko taliya ba a gama ci ba tsohon ya ajiye cokali.

"Yaro, mece ce sana'arka?"

"Fim nake yi, Sor Amedeo."

"Sana'a na ce. Ni ba zan ba mai neman karya wuyansa 'yata ba, ta dawo mini da baƙaƙen kayan takaba tun ba ta kai talatin ba."

Ana cikin haka aka ba Ettore jarumin wani fim da za a ɗauka a hamadar Sifen. Furodusa ya raɗa masa suna Clay Norton don 'yan kallo su zaci Ba'amurke ne.

"Wata uku ne, tsuntsuwata," ya ce mata a tashar jirgin ƙasa. "In na dawo, Baba da kansa zai sayi tikitin kallona."

Wata guda bayan nan Sor Amedeo ya ajiye mata mujalla kan tebur. Ga Ettore rungume da wata 'yar fim Bajamushiya, an rubuta wai sun yi baiko. Nilde ta aika masa layi ɗaya: "Allah ya sanya alheri, Malam Norton."

Mako shida shiru, ta rame har siket ɗinta ya yi mata yawa. Sai ga wasiƙa daga wani asibiti:

"Tsuntsuwata, hoton nan furodusa ne ya shirya shi don talla, matar ko sunana na gaskiya ba ta sani ba. Doki ya danne ni, ƙuguna ya karye. An ba wani fim ɗin. Likita ya ce ni da sirdi har abada. Babanki ya fi ni gaskiya. Kada ki jira gurgu."

Ranar da ya sauka a Roma da sanduna biyu, tana tsaye bakin taragon jirgin ƙasa, idonta jajir.

"Wa ya ba ka izinin yanke mini hukunci?"

"Nilde, ba ni da komai yanzu."

"Da can me kake da shi? Ba ni jakar."

Aikin da ya samu shi ne ɗora murya a kan finafinan wasu. Na farkon da aka ba shi, fim ɗinsa ne da aka ƙwace. Ya tsaya gaban makirufo yana magana da bakin wanda ya maye gurbinsa, ya fito ya jingina da bango ya yi kuka. Washegari ya koma.

Kowace Lahadi kuma sai ya hau benen su Nilde, hawa huɗu, da sanduna, a rufe masa ƙofa. A Lahadi ta tara Sor Amedeo ya buɗe, ya daɗe yana kallon gumin da ke zubo masa.

"Kai wane irin taurin kai ne da kai? Shigo kafin ka mutu mini a ƙofa."

An ɗaura auren a cocin unguwar cikin Oktoba. Ettore ya taka zuwa gaban limamin cocin da sanda ɗaya, yana ɗingishi. Tsohon ya damƙa masa hannun Nilde.

"Ga ta nan, ɗana. Allah ya zaunar da ku lafiya, ya nuna mini jikokina."