Jan Fenti a Tsanin Kyaftin Bang

Saura kaɗan ban rubuta wannan ba. Karatuna bai wuce firamare ba, kuma ko a gaban mutum biyu murya takan maƙale mini. Amma har yau akwai masu raɗa a kasuwar kifi cewa mahaifiyata ce ta kashe Wi Chun-bae, shi ya sa na daure.

Ni, Sun-deok, da Umma fenti muke yi a wani ƙaramin wurin gyaran jiragen kamun kifi a bakin teku, a garinmu Tongyeong. Ranar Talata da hantsi, Chun-bae mai gyaran lantarki ya hau tsanin ƙarfen da ke jikin turken fitila na jirgin Kyaftin Bang. Wani mataki can kusa da sama ya ɓalle a hannunsa. Ya faɗo kan daɓen jirgin, ko shurawa bai yi ba.

Kafin azahar Sufeto Pyo ya iso da saje ɗaya. Gajeren mutum ne, ba ya ɗaga murya. Ya durƙusa gaban gawar, ya juya tafin hannunta. Safar hannun dama ta yi ja kamar an barbaɗa mata garin barkono. Ya ɗauki matakin da ya ɓalle. Wajensa ja sumul, cikinsa tsatsa ta cinye har yana zuba.

"Wa ya yi fentin tsanin nan?"

"Ga ta can," in ji Kyaftin Bang, yana nuna Umma da haɓa. "Babar Sun-deok. Ta shafa ja a kan ruɓaɓɓen ƙarfe don ta tafi gida da wuri."

A wurinmu ja magana ce. In mun kankare ƙarfe ya fito fes, sai mu shafa masa jan fentin tsatsa, kowa ya san ya sami lafiya. In tsatsa ta ci shi ya wuce kankara, ba ma taɓa shi da buroshi. Mukan zagaye shi da alli ruwan ɗorawa, mai walda ya zo ya sauya.

"Yallaɓai, na yi wa sauran ja tun makon jiya," in ji Umma. "Wannan kam alli na sa masa. Na bar shi tsirara."

"Ina allin?" Kyaftin ya yi tsaki. "Ko ƙwarin teku ne suka lashe?"

Babu alli. Saje ya sa Umma a mota da kayan aikinta a jikinta. Na so in yi ihu, bakina ya ƙi buɗuwa.

Sufeto bai bi motar ba. Ya ce in tsaya kusa, zai buƙaci makullin ɗakin fenti. Sannan ya kira Chu mai walda.

"Ka duba tsanin?"

"Mataki-mataki, ranka ya daɗe."

"Da wannan tumbin ka hau?"

Wani ya yi dariya ya haɗiye. Chu ya sosa ƙeya.

"Wato... jiya da rana na hango ɗorawa a sama, na ce sai da safe. Yau na ɗaga kai na ga duk ja, na ce ashe idona ne. In ka ga ja ai ba ka wahalar da gwiwa."

"Ka rantse ka ga ɗorawa?"

Chu ya saci kallon kyaftin. "Rana ta haske mini ido, yallaɓai. Ba zan rantse ba."

Sufeto ya je gindin tsanin ya murza babban yatsa a matakin farko. Yatsan ya fito fes, babu ja. Ya murza shi a ɓallallen matakin. Ya fito ja. Ya daɗe yana kallon yatsan nan, sannan ya ce in kai shi inda muke sayen fenti.

Tsoho Maeng mai shagon yana cin shinkafa da miyar wake a bayan kanta lokacin da muka shiga. Sufeto ya ajiye ƙarfen kusa da kwanonsa.

"Baba, wane fenti ne wannan?"

Tsohon ya shinshina, ya goga a hannun rigarsa, ya ɓata fuska.

"Wane jaki ne ya hau sama da fentin gindin jirgi? Wannan don ruwa aka yi shi. Da gangan yake zubewa a hankali, kada katantanwa da gansakuka su manne. Na tsatsa in ya bushe ko da farce sai ka yi da gaske. Launinsu ne kawai ɗaya."

"Shi wannan yana hana tsatsa?"

"Ya rufe maka ido dai. Ƙarfen na ci gaba da ruɓewa a ƙasa."

"Ba ni abin da zai wanke shi ba tare da kankara ba."

Tsohon ya jiƙa tsumma da man tsarma fenti. Sufeto ya riƙa dannawa a bayan matakin, sannu-sannu, har jan ya ɗaga. A cikin ramukan tsatsar, sai ga ɗigo-ɗigon ruwan ɗorawa. An goge allin, amma tsumma bai kai cikin ramukan ba.

Na ce, "To a sake ta." Ita ce maganata ta farko tun safe.

"Da saura, 'yan mata," in ji shi. "Akwai wanda ya goge, akwai wanda ya shafa. Ban san hannun ba tukuna."

Da muka koma, kyaftin yana tsaye a bakin jirginsa yana faɗa da saje, wanda ya dawo daga kai Umma, wai a cire igiyar da aka kewaye wurin. Gobe Laraba za a mayar da jirgin ruwa. Mai duba ce ta zaɓa masa ranar tun bazara, an riga an yi odar waina da giyar shinkafa don bikin.

Sufeto ya gaya masa zancen fentin da allin. Kyaftin bai ko ƙifta ido ba.

"Ka gani? Ita ta yi mini fentin gindin jirgin, gwangwanin yana hannunta. Ta sa alli, ta ga aiki zai ja, ta goge ta shafa abin da ya rage a buroshi. Mata da ganda!"

Gaskiya ne kuwa, Umma ce ta yi gindin.

"Ragowar fentin fa?" in ji Sufeto.

"A kan jirgi ta bari. Ni me ya haɗa ni da shi? Shekara da shekaru ban riƙe buroshi ba. Ni kyaftin ne, ba lebura ba."

"Jiya da yamma kana ina?"

"Na leƙo bayan an tashi, na ɗaura kifina, na tafi."

"Nuna mini."

Suka hau ɗakin tuƙi. Na tsaya a bakin ƙofa. Busasshen kifin sa'a yana rataye saman sitiyari, baki buɗe, an naɗe shi da sabon farin zare. Sufeto ya miƙa hannu.

"Kada ka taɓa!" Kyaftin ya daka tsawa. "Ke kuma ja baya, ba wurin mata ba ne."

"Ashe ba kowa ke taɓa shi ba?"

"Ni kaɗai. Ni na fito da zaren daga takardarsa, ni na naɗa, ni na ƙulla. Haka ubana ya yi."

"Babar Sun-deok ba ta taya ka ba?"

"Mace? Ka taɓa ji?"

Sufeto ya zaro biro ya juya kifin da shi. A bayan ƙullin, zaren ya yi ja a wuri biyu, daidai inda yatsu ke matsewa. Ya ƙwanƙwasa wurin da biron. Ya yi tauri kamar ƙaya.

"Da busasshen fenti ka goga, da gari za mu gani, a hure ya tashi. Wannan ɗanye ne ya shiga zaren ya bushe. Gindin jirginka ya bushe tun makon jiya. Kyaftin, wane ɗanyen ja ka taɓa jiya da yamma, kai da ba ka riƙe buroshi?"

Ana jin ƙarar guduma daga wani jirgi can nesa.

Kyaftin ya zauna a kujerar tuƙi kamar an zare masa laka.

"Da Chu ya kawo wutar waldarsa, sai an kwance wayoyin turken duka. Ranar ta wuce ke nan." Ya dubi tafin hannunsa. "Na ce ja ai ja ne. Na ce in mun dawo daga fita ta farko a gyara. Wa ke hawa can? Ban san fitilar za ta mutu ba."

"Ka san ta mutu yau da safe. Wa ya sa Chun-bae ya hau?"

Kyaftin ya kau da kai.

"Ni. Na ce a raina ba shi da nauyi."

Saje ya sa masa ankwa. Da za su sauka, ya waiwaya ya dubi kifin, kamar zai ce a kula masa da shi, sai ya fasa. Ma'aikata suka dare musu hanya. Chu ya sunkuyar da kai.

Da la'asar aka saki Umma. Ba ta yi kuka ba sai da muka biya gidan Chun-bae, matarsa ta riƙe hannunta ta ƙi saki.

Washegari, ranar da aka so mayar da jirgin ruwa, na riga kowa zuwa. Na ɗauki alli ruwan ɗorawa da 'yar guduma, na fara daga jirgin da ke bakin ƙofar wurin aikinmu. Duk tsanin da na samu, ja ko ba ja ba, sai na ƙwanƙwasa kowane mataki kafin in ɗora masa ƙafa. Chu ya iso da sigari a baki, ya tsaya a ƙasa yana kallona.

Na ce masa, da ƙarfi har na ba kaina mamaki, "Kawu, ajiye sigarin ka hawo."

Ya hawo.