Ɗinkin Baduku a Jikin Fim ɗin Majigi

An yanke tsohon fim ɗin majigin Malam Nu'uman, kamu biyu cur, daga tsakiya.

Fim ne marar magana na zamanin En'e, na ranar da wani ɗan sarautar Turawa ya ziyarci Daura. Nu'uman ya gaje shi wurin ubansa. Satin da ya wuce ya haska wa 'yan unguwa shi a zaurensa.

Sufeton 'yan sanda Sada ya ɗaga fim ɗin saitin taga. Inda aka yanke, an haɗa bakin biyu da siririn zaren fata, ɗinki tsaf.

"Mu da gam muke haɗawa, yallaɓai," in ji Nu'uman. "Wannan kuwa sai ka ce takalmi."

"Me ke wurin da aka cire?"

"Wani baduku ne yana miƙa wa baƙon jakar fata, baƙon ya ba shi hannu."

Dukawa biyu ne a unguwar, rumfunansu na kallon juna. Sufeto ya fara da Kabo.

"Kakana ne fa a fim ɗin, kowa ya shaida tsagen fuskarsa," in ji Kabo. "Ni zan yanke kakana? Tun ranar da aka haska shi ban huta da ciniki ba."

Sufeto ya tsallaka zuwa rumfar Jafaru. Ba kowa, sai shi zaune, hannun dama cikin riga.

"Ni ban ma je kallon ba."

"Nu'uman ya ce kai ka sa aka maimaita wurin sau uku. Fito da hannunka."

Yatsu uku a naɗe da tsumma, sun ƙone.

"Garwashin shayi ne."

"Tsohon fim kamar fetur yake kamawa da wuta, Jafaru. Ba a gaya maka ba?"

Jafaru ya harari rumfar Kabo, sannan ya fashe da magana.

"Kakana ne ya ɗinka jakar nan, wallahi! Kakan wancan ya fi shi riga mai kyau, shi ke nan aka tura shi gaba. Yanzu har daga Mai'adua ake zuwa wurin Kabo, ni ko mai tambayar farashi babu. Nu'uman na fita Juma'a na shiga zauren na yanke wurin, daga baya na cinna masa wuta."

"To me ya sa ka ɗinke?"

"Ba na barin aiki a yage."

Aka sa shi a mota ba ankwa, don hannun ya kumbura. Alƙali ya ba shi wata shida. Yatsun kuwa sun ƙage, bai sake riƙe basilla ba.