Haɗin da Ya Tsinke

Ƙarfe sha biyu saura na ranar Talata aka bugo waya ofishin 'yan sanda, cewa mai kamfanin man shafawa ya faɗo daga benen sito kuma ba ya numfashi. Sufeto ya ture shayin da bai ko kurɓa ba, ya kira Saje suka tafi.

Kamfanin ba wani babba ba ne: ɗakin haɗi, ɗakin gwaji, sito mai bene, da ma'aikata goma sha wani abu. Gawar Maigida tana ƙasan matakala, ƙeya a fashe. Maɓallan rigarsa biyu sun cire, ɗaya kuma can saman bene aka tsince shi. Sufeto ya daɗe a aiki, bai taɓa ganin wanda ya cire wa kansa maɓalli kafin ya zame ba. Likita ya ce rai ya fita tsakanin ƙarfe goma da sha ɗaya.

Kafin la'asar an sami wanda za a kama. Mai sito ne, wani siriri mai saurin fushi, da jini a hannun rigarsa. Kowa ya ji cacar bakinsu da Maigida da safe a kan buhunan da ruwa ya jiƙa. Ya rantse cewa yana cikin sito tun safe, jinin kuma wajen ɗaga gawa ya shafa. Matan da ke zuba mai a kwalba suka ce sun leƙa ƙofar siton ƙarfe goma da kwata ba su gan shi ba. Da aka matsa masa sai ya sauya baki, wai ya sulale ta ƙofar baya ne ya kai wa matarsa magani, tsoron kora ya sa ya ɓoye. Ba wanda ya gan shi. Saje ya sa masa ankwa, murna har kunne.

Ƙanen mamacin, wanda kowa a kamfanin ke kira Baffa, shi ne mai haɗi. Shekara talatin da ɗaya yana gaban tukunya. Ya ce daga tara da rabi har aka yi ihu bai ɗaga ƙafa daga ɗakin haɗi ba, kuma ma'aikata duka sun shaida sun ji ƙarar injin juyi. Yana magana hawaye na bin gemunsa, har Sufeto ya ji kunyar tambayarsa.

Ranar Laraba ogan Sufeto ya ce a rufe fayil, gobe da safe a kai mai sito kotu. Sufeto ya amsa da to, amma zuciyarsa ba ta kwanta ba. Shi ya sa hannu aka kulle mutumin nan, kuma ya san laifin kisa idan ya hau kan talaka, sauke shi sai Allah. Mutumin ya yi ƙarya, gaskiya ne, amma rabin waɗanda ke shigowa ofishinsa ƙarya suke fara yi ko da sunansu aka tambaye su.

Ya koma kamfanin shi kaɗai. An tsayar da aiki, sai ɗakin gwaji ne a buɗe. 'Yar mamacin, wadda ita ce mai gwajin kaya, tana zaune gaban kwalabe shida, idanunta sun kumbura. Ta ce gida ya cika da masu kuka, ita kuma ta kasa zama a cikinsu.

Sufeto ya ɗauki kwalba ɗaya. Mai ya taso sama yana ƙyalli, ruwa ya kwanta a ƙasa, tsakiya kuma wani farin abu kamar kindirmon da ya kwana.

"Wannan fa?"

"Haɗin jiya ne. Ya tsinke."

"Yakan faru?"

"Tunda na yi wayo ban taɓa gani ba."

Ya ce ta yi masa bayani irin na wanda ya gudu daga ajin kimiyya. Ta buɗe wani buhu ta ɗebo masa fararen ɓarɓashi masu santsi kamar an kankare kyandir. Ta ce a takarda sunansa gilisarol monostiyaret, ma'aikata kuwa ɗan sulhu suke ce masa. Daga kitse ko man ja ake samo shi. Shi kitse, in ji ta, gilisarin ne mai hannu uku, kowane hannu riƙe da doguwar jelar mai. Idan aka cire jela biyu aka bar ɗaya, abin da kalmar mono take nufi ke nan, ɗaya. Jelar da ta rage tana shiga cikin mai, hannaye biyun da aka saki suna kama ruwa. Da haka yake riƙe mai da ruwa wuri guda su zama man shafawa, su da ba sa ga maciji da juna.

"To me ya hana shi sulhun jiya? Ba a zuba ba ne?"

"An zuba." Ta lakato kaɗan ta shafa masa a bayan hannu. "Murza ka ji."

Ya murza. Akwai tsaki-tsaki kamar yashi.

Ta ce ɗan sulhu ba ya aiki sai ya narke, kuma ba ya narkewa sai zafi ya kusa digiri sittin. Shi ya sa ake kai mai saba'in da biyar kafin a zuba. Wannan a mai mai ɗumi aka zuba shi, inji ya yi ta bugunsa har ya yi kamar ya haɗu, da ya kwana sai asiri ya tonu.

"Daga saba'in da biyar, minti nawa tukunyar take yi kafin ta huce haka?"

"In an rufe tururi, kamar minti arba'in ko ham..."

Ba ta ƙarasa ba. Ta dubi kwalbar, ta dube shi. Sufeto ya ji tausayinta ƙwarai, domin bai zo da niyyar ya sa ta haƙa wannan ramin da hannunta ba.

Mai kula da tukunyar tururi bai ɓata masa lokaci ba. Ya ce ƙa'ida ce, ƙarfe goma daidai yake rufe tururin ɗakin haɗi, a lokacin mai ya kai zafinsa, Baffa kuma ya zuba ɗan sulhu nan take. Jiya ma haka ya rufe. Idan ana son ƙarin wuta sai an zo an gaya masa, kuma ba wanda ya zo. Inji kuwa, ya ce yana dariyar da ba ta kai ciki ba, ko akuya ce ta danna shi zai yi ta juyi har gobe.

Sufeto ya aiki Saje ya ɗauko Baffa daga gidan makoki. Baffa ya zo da farar riga, ya zauna a bencin ɗakin haɗi. 'Yar mamacin ta tsaya a bakin ƙofa, an ce ta fita ta ƙi.

"Ƙarfe nawa ka zuba ɗan sulhu jiya?"

"Goma. Kullum goma."

Sufeto ya ajiye kwalbar a gabansa. Baffa ya ce ma'aunin zafi ne ya lalace. Yarinyar ta ce, murya ƙasa-ƙasa, ta gwada shi da safe, lafiyarsa lau. Ya ce to buhun ne ruwa ya taɓa. Ta ce daga buhun nan aka yi haɗin Litinin, ga shi can sumul.

"Baffa, kai ka koya mini jin zafin tukunya da bayan hannu," in ji ta. "Ko ba ma'auni ba za ka yi wannan kuskuren ba."

Sufeto ya matso. "Ka dawo ka tarar mai ya huce. Da ka nemi ƙarin tururi, da an san ba ka nan. Ina ka je?"

Baffa ya lakato man ya murza tsakanin yatsunsa, kamar mai fatan tsakin ya ɓace.

Da ya buɗe baki, ba Sufeto ya kalla ba. Ya ce goma saura Yaya ya leƙo ya ce ya same shi a bene, magana ce ta minti biyu. A can ya gaya masa an yi odar sabon inji mai auna komai da kansa, yarinya za ta riƙe ɗakin haɗi, shi kuma ya koma gida ya huta daga ƙarshen wata.

"Yana faɗa yana dariya, yadda yake mini tun muna yara. Na ce shekara talatin da ɗaya, Yaya. Ya ce ai tukunyar ma ta gaji da ganina. Na cakumi rigarsa don ya tsaya ya saurare ni. Ya fizge, ni kuma na saki da ƙarfi."

Ya ce ya zauna a saman matakala yana kallonsa, bai san iya lokacin ba. Da ya ga ba wanda ya shigo, sai ya zagaya ya koma bakin aiki.

"Ka ga an sa wa mai sito ankwa a gabanka," in ji Sufeto.

"Na gani."

"Gobe za a kai shi kotu."

"Na sani. Ban yi barci ba." Ya miƙa hannayensa biyu tun kafin Saje ya ciro ankwa.

Yarinyar ta matsa gefe suka wuce. Baffa ya ce mata ta yafe masa, ta kawar da kai, kuma Sufeto bai ga laifinta ba.

A ofis, Sufeto da kansa ya karɓi makulli ya buɗe sel. Mai sito ya fito yana kare ido daga haske, rigar jiya ce a jikinsa. Yana hango Baffa tsaye a bakin kanta, fuskarsa ta washe.

"Baffa! Wallahi na ce musu ba za ka bar ni a nan ba. Belina ka zo? Allah ya saka da alheri, Allah ya jiƙan Maigida."

Ya miƙa hannu biyu zai gaishe shi, sai yatsunsa suka taɓa ƙarfe. Ya tsaya a haka, bakinsa a buɗe.

Baffa ya sunkuyar da kai. Saje ya kama gwiwar hannunsa, ya shigar da shi ɗakin da mai sito ya fito.