Naman Shafawa a Burodi

"Alade? A tukunyata?" Ya Kaka ta dafe ƙirji.

"Rago ne, Iya, wallahi rago ne!" in ji Yagana.

Kai, Umara ma dai akwai sakin baki! A shekarar da naira ta fito ya dawo Potiskum daga karatu a Kanada, ya auri Yagana, kullum kuma zancensa naman nan da ake shafawa a burodi. Tsohuwar da ta saukar da shi a can, mai jin Faransanci, da alade take yin nata, shi kuwa ta yi masa da naman sa. Duk bayanin nan, alade kaɗai mahaifiyarsa, Ya Kaka, ta ji.

"In kika dafa shi, na bar cin girkinki!" in ji Ya Kaka.

Yagana ta dubi naman. Amaryar da suruka ta ƙi tuwonta, ina za ta sa kanta a unguwarsu ta Dogo Tebo? Ga shi kuma ta yi wa mijinta alkawarin dafa masa.

"Ki bar shi kawai, rabin raina," Umara ya raɗa mata.

"Ba zan bari ba... Iya, zauna ki gani da idonki."

Ta kirɓa naman a turmi har ya yi laushi. Ta zuba a tukunya da kitsensa, da albasa, tafarnuwa, kanumfari da kirfa, ta tsiyaya madara, ta marmasa busasshen burodi. Wuta kaɗan-kaɗan, tana juyawa har hannu ya gaji. Sannan ta juye a kwano, ta ajiye a gindin randa ya daskare.

"Kuma da sanyi ake ci? Ikon Allah!" Ya Kaka ta taɓe baki.

Da la'asar Yagana ta shafa a burodi, ta durƙusa ta miƙa mata. Tsohuwa ta shinshina, ta yi bismilla, ta gutsura kamar mai shan magani.

Sai ga hawaye a idonta.

"Iya, lafiya?" Umara ya zabura.

"Tun da turamen haƙorana suka zube, rabona da haɗiye nama. Ko na layya tsotsa nake yi, in tofar a ɓoye don kada ka damu..."

Umara ya sunkuyar da kai. Daɗi ya cika Yagana.

Ya Kaka ta jawo kwanon gabanta, ta kare shi da hannu.

"'Yata, wannan nawa ne. Shi ki dafa masa tuwo, ai yana da haƙora!"