Fitowar Inna Tasalla

Da aka sauko daga masallacin Juma'a, Zaharadeen mai tace hoto ya buɗe ofishin fim ɗinsu da ke Kazaure, ya tarar babu had-dis a kan tebur. Ɗan baƙin akwati ne da bai wuce tafin hannu ba, amma duk abin da suka ɗauka a daminar bana yana cikinsa.

Mai fim ɗin, Mu'minat Dunoma, ita ta kai ƙara da kanta. Littafinta na uku ta mayar fim, ita ce darakta, ita kuma ta fito a matsayin 'yar manomi. Ta shaida wa Sufeto Muhammad Sani cewa ba su da wani kwafi, don ɗaya akwatin ya ƙone a watan jiya. Sake ɗauka kuwa ba zai yiwu ba. An girbe geron gonar Gwiwa da suka yi aiki a ciki, Inna Tasalla da ta fito a uwarta kuma ta rasu ana gama ɗauka.

Sufeto ya duba ofishin. Ba a taɓa kwaɗo ba. Kyamara na nan a jakarta, kwamfuta na nan. An kashe makunnin wuta na bango, ga guntun kebul na lilo a jikin kwamfutar, an yanke shi a karkace, sumul, ko zare bai fito ba. Ya ce wa Zaharadeen ya cire masa guntun. Shi kuwa ya sa yatsu biyu ya zare.

Mu'minat ta fi zargin Muhsin, wani ɗan wasa daga Roni da ta sallama saboda yawan makara, wanda ya yi rantsuwa a gaban mutane cewa fim ɗin ba zai fita ba. Sufeto ya same shi a Roni. Muhsin bai musa rantsuwar ba, amma ya ce ranar yana Babura wajen sunan ɗan yayansa, a can ma ya yi Juma'a. Mai unguwar ya tabbatar da haka, hotunan sunan ma suka nuna shi.

Sai Zaharadeen. Yana da mukulli, kuma maƙwabta sun ji shi yana cacar baki da uwargijiyarsa ranar Laraba. Ya ce gaskiya ne. Hajiya Mu'minat ce ta ce a yanke duk fitowar Inna Tasalla, don kada mijinta ya riƙa cin karo da ita a wayoyin mutane, shi kuma ya ce in aka cire ta fim ɗin ya mutu.

"Wane ne mijin?"

"Malam Daudu baduku, ranka ya daɗe. Shi ne mai ginin nan. Ga shagonsa a jikin namu."

Sufeto ya ƙwanƙwasa abin da ya raba shagunan biyu. Falle ɗaya ne na katako.

Bai shiga wurin tsohon ba. Ya zaga shagunan masu gyaran waya na Kazaure yana tambaya ko wani ya zo neman irin wannan kebul, bai samu komai ba. Da ya ji cewa Tasalla 'yar Gwiwa ce, kuma Malam Daudu a kasuwar can yake kai layu da kube, sai ya hau babur ranar kasuwa. Wani mai tura waƙoƙi ya tuna da wani dattijo da ya fito da baƙin akwati daga cikin zabira, ya roƙi a zuba masa abin da ke ciki a wayarsa. Wayar ƙarama ce mai madannai. Mai tura waƙoƙin ya ce masa ba za ta ɗauka ba.

Da la'asar Sufeto ya yi sallama a shagon Malam Daudu, Mu'minat na biye da shi. Bayan gaisuwa da ta'aziyya, ya ajiye guntun kebul ɗin kusa da wuƙar dukanci.

"Baba, ɓarawo da kyamara zai tafi. Ɗan fim kuma zarewa zai yi, ba zai yanke ba. Wanda ya yi wannan yana da mukulli, yana tsoron wuta har ya kashe ta tukuna, kuma hannunsa ya saba yanka fata."

Tsohon ya kalli guntun. Sannan ya jawo zabira daga ƙarƙashin buzunsa, ya fito da akwatin, an naɗe shi cikin jar fata mai laushi. Ya ce ya ji su ta cikin katako ana cewa a yanke ta, a cire ta. Shi a fahimtarsa gogewa za a yi. Tasalla ba ta yarda da hoto ba tsawon zamansu, sai da Mu'minat ta lallashe ta, saboda haka ba shi da komai nata da zai kalla sai abin da ke cikin akwatin nan.

"Baba, don ku na ce a cire," in ji Mu'minat. Muryarta ta yi ƙasa.

"Da kin tambaye ni, 'yata."

Sufeto ya tambaye ta ko za a ci gaba da ƙara. Ta ce ta janye. Ya rubuta hakan, ya sa su duka suka sa hannu, tsohon da ajami.

Zaharadeen ya samo wani kebul a wurin abokin sana'a, ya haɗa. Komai na nan. Aka ba Malam Daudu kujerar mai tace hoto, ya zauna a bakinta, hannuwansa a kan gwiwa. Tasalla ta fito a tsakiyar gero da ƙwarya a ka, tana yi wa Mu'minat faɗa a kan ta bar akuya ta shiga gona. Faɗan ya yi tsawo, ta ƙara da abin da ba a rubuta mata ba.

Tsohon ya gyaɗa kai.

"Haka take yi mini," ya ce. Ya juya wurin Zaharadeen. "Malam, a maido shi baya."