Rabin Katun a Wayar Bahijja

Ana shirin kiran magariba a Tudun Wada dutsen farko ya sauka a kan kwanon gidan Malam Nagoda. Na biyu ya biyo baya. Nagoda ya leƙa waje, babu kowa, ya dawo ya zauna. Tun rasuwar matarsa babu abin da ke tayar masa da hankali, babu kuma mai faranta masa rai.

'Yarsa Bahijja, mai shekara sha uku, tana bayan ɗaki a bakin makwarara da wayarta. Kowa ya san ba a zama irin wurin da almuru, amma wa zai hana ta? Uban yana nan kamar ba ya nan. Wani katun take kallo, na wasu sakarkarun 'yan sama jannati da jirginsu ya lalace a duniyar wata. Linus mai tura fina-finai ya matse shi don ya shiga ɗan memorinta, sai hoton ya fito dishi-dishi, kuma da an kai rabi sai ya tsaya cak.

Kwana huɗu ana jifa. A na biyar Bahijja ta daina magana, sai dariya da muryar da ba tata ba.

Aka ɗauko Malam Isiyaku mai ruƙiyya daga Tudun Jukun. Ya yi ta karatu har gumi ya jiƙa masa riga, sannan ya ce, "Wane ne kai? Me kake nema a jikin yarinya?"

Muryar tsoho ta amsa daga bakinta, a gajiye. "A makwararar nan nake zaune. Wata uku muna kallo tare, kullum a wuri ɗaya yake tsayawa, ko fuskokin ba na gani. A kawo mai kyau in ga ƙarshensa, in tafi."

"Ba za ka dawo ba?"

"Na yi alkawari."

Nagoda da kansa ya je wurin Linus, aka turo cikakke, mai haske tar. Aka kunna. Tsohon ya yi ta dariya har ƙarshe, sannan ya ce, "Nagoda, ni kaɗai ke zama da ita a gidan nan." Yarinyar ta yi atishawa, ta sulale ƙasa.

Da ta farfaɗo, ta daɗe tana duban gefenta na hagu, inda tsohon ya saba zama.

"Baba, ya tafi?"

"Ya tafi, alhamdu lillahi."

Ta gyaɗa kai, ta miƙa masa wayar ba tare da ta dube shi ba.

"To ka ajiye. Ba daɗi mutum shi kaɗai."