Fiya a Gurbin Jariri

Da hantsi aka kawo ƙarar. Sufeto Casimiro Toledo na zaune shi kaɗai a ofis, yana kurɓar gahawar da ta riga ta huce. Tun da aka turo shi garinmu Boca de Garzas babu wanda ya taɓa ce masa zo mu ci. Haka muke da ɗan sanda a bakin ruwan nan: mu gaishe shi har ƙasa, sannan mu rufe tukunya.

Mai ƙarar Griselda Ovando ce, 'yar marigayiya Doña Eduviges. A birni ta girma, a birni take aure. Ta zo ne kawai ta cika wasiyyar uwarta, ta shirya komin Kirsimeti, wato kwaikwayon wurin da aka haifi Yesu, a tsohon gidan karo na ƙarshe, ta kulle ta koma.

"An sace Jariri Yesun mahaifiyata, na katako," in ji ta. "Tun daga kakarta yake hannunmu. Kuma na san ɓarawon. Nazario ne, wanda na sa ya gyara mini rufi. Tsohon ɗan fursuna ne, kowa ya sani."

Sajen ofishin kuwa bai jira umarni ba, tuni ya jefa Nazario bayan kanta. Da irin tarihinsa, in aka wayi gari ba a samu wani ba, motar safe za ta wuce da shi birni, kuma ba zai sake ganin tafki da wuri ba.

Sufeto ya bi ta gidan. Ba a fasa ƙofa ba. Jakarta na kan tebur, wayarta na jikin caji, 'yan kunnen zinare na cikin faranti. A kusurwar falo ga komin, ga tumakin yumbu, ga Maryamu da Yusufu suna kallon ciyawa. A gurbin Jaririn an kwantar da fiya guda, ɗanya, an lulluɓe ta da farin hankici.

"Ke kika sa wannan?"

"Ni? Sai yau da na ɗaga hankicin na gan ta. Ai raini ne, yallaɓai. Ya yi sata kuma ya yi mini dariya."

Sufeto ya juya fiyar a hannu. Mai dogon wuya ce, siririyar fata, ba irin baƙaƙen da motoci ke kawowa kasuwa ba. Ya sa ta a aljihu.

Nazario na zaune a ƙasa bayan kanta, ƙafafunsa duk busasshen taɓo.

"Ina kake jiya da yamma?"

"Tafki, yallaɓai. Kamun jatan lande."

"Ka kama?"

"Ko ɗaya. Ruwa ya yi ƙarya."

"Ruwa ne ya yi ƙarya ko kai? Dubi 'yan yatsunka. Wanda bai kama ba, me ya sossoke shi haka? Kuma ɓawon jatan lande ne cike da aljihun rigarka. Wa ka ɓare wa?"

Nazario ya sunkuyar da kai.

Sufeto ya fito da fiyar. Nazario ya dube ta sau ɗaya, ya kawar da ido da sauri.

"Ka san bishiyar da ta fito."

"Fiya fiya ce, yallaɓai."

"Gobe birni za su kai ka. Ka sani?"

"Na sani. Ni dai ban ɗauka ba, kuma ban san komai ba."

Rabin farko gaskiya ne, Sufeto ya ji haka a muryarsa. Rabi na biyun ne yake wari.

Mutumin da ya ɓare jatan lande mai yawa haka, wani ya ɓare wa, kuma a garinmu abu ɗaya ake yi da shi in taro ya zo. Sufeto ya nufi kasuwa, rumfar Doña Chabela mai lemun tsami. Kwandonta wayam.

"Inna, wa ke biki a garin nan?"

"Biki? Da wa ya rage? Samari duk sun tafi arewa ci-rani, 'yan mata sun bi su. Jana'iza dai muke yi."

"To ina lemunki?"

"Ya ƙare."

"Wa ya saye?"

"Masu baki."

Ya ajiye fiyar a kan teburinta. Tsohuwar ta goge hannu a jikin zaninta.

"A ina ka samo wannan?"

"A komin Doña Eduviges."

"Wayyo ni," ta ce a hankali. "Tsohon banza, ashe da gaske yake." Sai ta harare shi. "Kai ɗan nan, a zamaninmu in Jariri ya ɓace ba ɗan sanda ake kira ba, mai kiɗan marimba ake kira. Amma wa zai gaya wa waccan 'yar birnin? Ko gaisuwa ba ta iya ba."

"Ke me ya hana ki gaya mata?"

"Ta tambaye ni?" Ta tura masa fiyarsa. "Kuma gwiwata ba ta shiga kwalekwale yanzu."

"Suna nake so, Inna."

"Bishiya ɗaya ce mai irin wannan, tana tsallaken tafki. Kwanakin nan kullum da safe mai ita yakan zo ya kwashe lemuna da albasa da kokwamba. Mutumin da tun rasuwar matarsa ko kare bai leƙa gidansa ba. Don Arcadio Zavala. Ban ce maka komai ba."

Da la'asar Sufeto ya ari kwalekwale mai inji ya tsallaka. Tun daga nesa ya hango tsoho a bakin gaɓa, da farar riga a goge, hula a hannu. Yana miƙa wuya yana duba ruwan da ke bayan Sufeto.

"Maraba, maraba! Su nawa ne a bayanka?"

"Ni kaɗai ne, Baba."

Murmushin ya ɗan tsaya a fuskarsa, sannan ya tafi. "To. Shigo daga rana."

An share tsakar gidan tas. An jera kujeru ƙarƙashin bishiyar fiya, wasu na roba, wasu benci, duk an goge. An rataya ganyen kwakwa a ƙofa. A kan dogon tebur ga babbar tasa an rufe ta da kyalle, gefenta tulin soyayyen fanken masara, sai kwando cike da fiya, ko ɗaya ba a yanka ba.

"Taron me ake yi?"

"Ranar haihuwata ce."

"Jiya ma?"

Sufeto ya nuna bayan gida, inda kaji ke tono a tarin jatan landen da aka zubar, ƙudaje na bi.

"Ya lalace ne."

Sufeto ya ɗaga kyallen. Sebiche ne, ɗanyen jatan lande da aka jiƙa a lemun tsami, ja da fari da kore, ƙamshin lemu da barkono ya daki hancinsa. Jatan landen ya yi fari fat ya ƙanƙance.

"Wannan na jiya ne na ƙara masa lemu," in ji tsohon, kamar mai ba da haƙuri. "In ya daɗe a ciki tauri yake yi. Da sabo zan yi, amma Nazario bai kawo mini ba yau. Ban san abin da ya riƙe shi ba."

"Mu muka riƙe shi. Yana bayan kanta, an ce shi ya saci Jaririn Doña Eduviges. Gobe za a wuce da shi birni. Na tambaye shi har na gaji, ya ƙi faɗin sunan kowa."

Don Arcadio ya dafa tebur. Sannan ya shiga ɗaki ya fito rungume da Jaririn, an sa masa sabuwar rigar leshi, ɗinkin hannu, karkatacce.

"Ni na ɗauka. Yaron nan ba ruwansa. Da ya fito daga kurkuku a nan ya ci ya sha, shi ya sa ya rufe baki. Wawa."

"Me ya sa, Baba?"

"Kai ba ɗan nan ba ne." Ya zauna a ɗaya daga kujerun. "Da can, bayan Kirsimeti, sai aboki ya lallaɓa ya ɗauke Jaririn gidan abokinsa, ya bar alama. Masu gida su yi kamar ba su gane ba. Su ɗauko marimba da kyandir, gari ya bi su, gida gida ana waƙa ana tambaya, har a iso gidan ɓarawo. A ɗaure shi da igiyar furanni, a yanke masa hukunci, hukuncin kuwa ya ciyar da kowa. Shekarar da na auri Tomasa, Eduviges ce ta sace namu. Tomasa ta ce sai mun rama, ta ce in mun rama sebichenta sai an yi shekara ana zancensa. Sai yau, sai gobe, har ta tafi. Da damina na je duba Eduviges a gadon ciwo, ta ce, 'Arcadio, matsoraci, bana fa sai ka sace, ko ina nan ko ba na nan.' Mabuɗinta ma ita ta ba ni."

"Ba ka gaya wa 'yarta ba?"

"Ana gaya wa mutum za a yi masa sata? Na bar mata fiyar. Duk wanda ya girma a nan ya san bishiyata." Ya dubi kujerun. "Na ɗauka ko mutum goma za su tuna."

Tausayi ya kama Sufeto, irin wanda ba ya so, don ya san kujerar da babu kowa a kanta. Shi ma yana da guda ta baƙo a ɗakin hayarsa, kuma ya daina jawo ta.

"Dole in tafi da kai, Baba. An shigar da ƙara. Kai ne za ka fitar da Nazario."

"Na sani. Amma tsaya." Tsohon ya kwantar da Jaririn a kan kujera, ya zaɓi fiya ɗaya, ya latsa wuyanta da babban yatsa. "Ba a yanka ta sai baƙo ya zauna, in ba haka ba baƙi take yi. Tun da na fara ban yanka ko ɗaya ba. Zauna."

"Ina bakin aiki."

"Ka zo neman Jariri ko ba ka zo ba? To kai ne gari. Zauna, ɗana."

Sufeto ya zauna. Tsohon ya raba fiyar, ya yayyanka a kan sebichen, ya barbaɗa gishiri, ya miƙa masa da fanken masara. Jatan landen ya yi tauri, tsami ya yi yawa. Sufeto ya cinye tas, ya karɓi ƙari.

Bai sa masa ankwa ba. A kwalekwale tsohon ya riƙe Jaririn a cinya, ya kare shi da hula daga feshin ruwa.

Kafin su sauka labari ya riga su, Doña Chabela ba ta iya riƙe magana. Daga gaɓa zuwa caji ofis mutane suka yi ta fitowa, masunta, mata da tsumman girki a kafaɗa, tsofaffi da sanduna. Suka bi bayansu, ana nuni ana raɗa. Griselda na tsaye a ƙofar ofis ta harɗe hannu. Saje ya buɗe wa Nazario, shi kuwa da ya ga tsohon sai ya juya fuska bango ya fashe da kuka.

A kan matakala Don Arcadio ya tsaya ya waiwaya. Ya dubi taron da ya cika titi har bakin kasuwa, leɓunansa na motsi kamar mai auna abinci.

"Ka gani, Sufeto, ashe akwai mutane," ya ce. "Da gidana suka nufa, da ya ishe su har da guzuri."

Ya miƙa wa Griselda Jaririn da hannu biyu, ya cire hula, ya shiga.